Tuwon Madara: Alawar da Fatauci Ya Haifa

A Bagudo akwai shanu, musamman wajen Ka'oje, amma mai yin tuwon madara ba ta sayen nonon ruga. Madarar gari take nema, wadda akasari daga ƙetare ake shigo da ita. Me ya sa?

Amsar farko ta kimiyya ce. Kusan kashi 87 cikin ɗari na madarar shanu ruwa ne, ga saurin tsami a zafin Kebbi. Kafin a ƙone ruwan nan, an ci itace mai yawa. Shi ya sa tun da can Fulani suke mayar da ita kindirmo da man shanu, masu zaƙi kuma suka tsaya ga zuma da mazarƙwaila.

Amsa ta biyu ta tarihi ce. Illo, da ke ƙaramar hukumar Bagudo, tsohon zango ne na fataken goro masu ratsa Bargu zuwa Gwanja. Yarjejeniyar Ingila da Faransa ta 1898 ta raba yankin, Illo ya faɗa hannun Ingila, Nikki hannun Faransa. Fatauci dai bai tsaya ba, kaya ne suka sauya: a ƙarni na 20 farin sukari da madarar gwangwani suka shiga kasuwanni. Madarar Peak ta iso Najeriya a 1954.

A Amurka akwai 'yar'uwar wannan alawa, fudge, wadda ɗalibai mata na kwalejin Vassar suka yayata wajen 1888, galibi da cakulan. Sirrinsu ɗaya: a dafa sukari ya kai kimanin digiri 112 zuwa 116, sannan a tuƙa, don ƙwayoyin sukarin su fito ƙanana, harshe bai jin tsakinsu. Idan wuta ta gaza, ya caɓe. Idan ta zarce, ya zama dutse. Matanmu ba su da ma'aunin zafi, danƙon sukari tsakanin yatsu suke dubawa.

To, amma alawar da ta dogara da kayan waje, siyasar kan iyaka na taɓa ta. An rufe iyakokin tudu daga Agusta 2019 zuwa Disamba 2020, kuma a Fabrairu 2020 Babban Bankin Najeriya ya taƙaita dalar shigo da madara ga kamfanoni shida. Duk lokacin da madara ta tashi, mai ƙaramin jari rage girman yanka take yi, ko ta haƙura da sana'ar. Shanun kuwa suna nan kiwo a bakin Kwara, abin da ya rage shi ne masana'antar da za ta busar da madararsu.