Tsalle da Tsere a Kan Dusar Ƙanƙara

A Nowe ta dā, gwanin zamiya a kan dusar ƙanƙara shi ne wanda ya iya abu biyu: tsalle daga kan tudu da katakon zamiya a ƙafa, da kuma tsere mai nisa. Wannan haɗakar ce babbar gasar bikin Holmenkollen tun 1892, ta kuma shiga Olamfik na hunturu na farko a 1924, inda Thorleif Haug ya lashe zinare. 'Yan Nowe suka riƙe kambun har 1948, lokacin da Heikki Hasu na Finlan ya ƙwace shi. Ulrich Wehling na Jamus ta Gabas kuwa ya ci sau uku a jere: 1972, 1976 da 1980.

Matsalar wasan lissafi ce: da maki ake auna tsalle, tsere kuma da daƙiƙa, sai 'yan kallo su zauna jiran alƙalai. A shekarun 1980 aka karɓi dabarar Gunder Gundersen: a mayar da makin tsalle daƙiƙoƙi, wanda ya fi maki ya fara tashi, saura su biyo gwargwadon tazara. Wanda ya riga isa shi ne zakara.

Abin da ba a warware ba shi ne gurbin mata: har Olamfik na 2026 maza kaɗai aka bai wa fili.