Kafuwar Gidan Rediyon Umdurman

Duk wanda ya nazarci tarihin Sudan a zamanin da ake cewa Ingila da Masar ne ke mulkinta tare, alhali kuwa ragamar tana hannun Turawan Ingila, zai tarar cewa Khartum ita ce mazaunin Gwamna da ofisoshinsa, amma Umdurman da ke ƙetaren kogin Nilu, birnin da Halifa Abdullahi ya raya bayan wafatin Mahadi a 1885, ita ce matattarar malamai da fatake da mawaƙa. Saboda haka da Yaƙin Duniya na Biyu ya ƙarato Sudan, ga Italiya ta mamaye Habasha da Eritiriya a gabas, hukuma kuma tana bukatar hanyar da za ta isar wa talakawa labarin yaƙi yadda take so su ji shi, sai ta ƙetare kogi ta kafa gidan rediyonta inda jama'a suke.

A shekarar 1940 aka soma, a wani ɗan ɗaki cikin gidan waya na Umdurman, da kuɗin da aka ware domin farfagandar yaƙi. Rabin sa'a kacal ake yi a yini: a buɗe da karatun Alƙur'ani mai girma, a karanta labarai, a kawo waƙa. Da yake masu akwatin rediyo ba su taka kara sun karya ba, sai aka kafa lasifika a filin da ke gaban gidan wayar, mutane su taru tsaye suna saurare. Kuma lalle akwai abin saurare, domin a watan Yuli na wannan shekara sojojin Italiya suka shiga Kasala, 'ya'yan mutane kuwa suna cikin rundunar tsaron Sudan da aka tura bakin daga. Wanda ake ambata a matsayin mai shela na farko shi ne Ubaidu Abdun Nur, malamin makaranta ne kuma sha'iri, wanda aka san shi da waƙen kishin ƙasa tun kafin ya zauna gaban makirfo.

Ya kamata mai karatu ya tsaya ya auna irin aikin waɗannan mutane. Ba a ɗaukar murya a ajiye a farkon al'amari, komai kai tsaye yake fita, don haka idan mai shela ya yi lahani a i'irabi, malaman gari sun ji, kuma gobe sai an tare shi da maganar a kasuwa. Idan tsirkiyar mai kiɗa ta tsinke, ko mawaƙi ya makara a hanya, babu mai rufa asirin gidan sai fasahar wanda ke zaune a ɗakin, ƙofa a rufe saboda hayaniyar titi, ga zafin Umdurman da ba a faɗa wa kowa. A ganina, abin da ya cece su shi ne yawancinsu sun bi ta halwa, wato makarantar allo ta can, inda aka horar da harshensu kan fitar da kowane harafi daga mafitarsa.

A 1942 gidan ya tashi zuwa wani gidan haya kusa da makarantar ungozoma, aka ƙara lokacin shirye-shirye, kuma a wannan shekara ce aka yi abin da ya shafe mu mu Hausawa. A'isha Musa Ahmad, wadda duniya ta sani da A'ishatul Fallatiyya, 'yar wani malami ce da asalinsa ya fito daga ƙasar Sakkwato, cikin dubban mutanenmu da hanyar hajji ta zaunar a Sudan. A makarantar mahaifinta ta koyi tilawa, daga nan ta shiga waƙar biki tana ƙuruciya, ba da son ransa ba. Ita ce mace ta farko da ta rera waƙa a wannan gida, 'yar'uwarta Jiddawiyya tana kaɗa mata udu. Masu ra'ayin riƙau suka yi tir, wasu mawaƙa maza suka ƙaurace wa gidan don kada a haɗa su da ita, amma masu saurare ba su goyi bayansu ba. Ta bi sojojin Sudan har sansanoninsu tana yi musu waƙa, ta rera da Larabci ta rera da Hausa, ta bar waƙoƙi fiye da 150 kafin rasuwarta a 1974. Ina ganin mutanen Sakkwato da Kano ba su ba ta haƙƙinta na ambato ba har yanzu.

Da yaƙi ya ƙare, kuɗin farfaganda ya yanke, har gidan ya kusa rufewa, sai gwamnatin Sudan ta ɗauke shi cikin kasafinta. Daga nan girma ya zo da sauri: mawaƙa irin su Ibrahim al-Kashif da Ahmad al-Mustafa da Hasan Atiyya suka shigo da goge da udu cikin waƙar birni, shugabancin gidan ya koma hannun 'yan ƙasa, ta bakinsa jama'a suka ji samun mulkin kai ran 1 ga Janairu 1956, aka kuma gina masa mazauni na dindindin a bakin Nilu. Ta bakinsa kuma, abin takaici, aka ji sanarwar juyin mulkin Janar Abbud a 1958 da ta Numairi a 1969, domin duk mai neman kujera da bindiga nan yake fara nufa.

Amma tsakanin waɗannan shekaru biyu ɗin ne gidan ya yi aikinsa mafi albarka, lokacin da Shehu Siddiƙ Ahmad Hamdun yake jan aya, Farfesa Abdullahi al-Tayyib yana fassara ta da Larabcin da manomi da makiyayi suke ji, har suka sauke Alƙur'ani gaba ɗaya. Wannan Abdullahi al-Tayyib shi ne wanda ya zo Kano a cikin shekarun 1960 ya shugabanci Kwalejin Abdullahi Bayero, wadda ta zama Jami'ar Bayero ta yau.