Ranar da Ba Ta Cikin Mako

A watan Oktoba na 1955 aka fitar da juzu'i na uku na The Lord of the Rings, littafin J.R.R. Tolkien, masanin tsohon Turanci a Jami'ar Oxford. A ƙarshensa akwai rataye da dama, na huɗunsu kuwa a kan kalanda yake, kuma galibin masu karatu tsallake shi suke yi. Amma a waɗannan 'yan shafuka ne Tolkien ya warware wa mutanen da ya ƙaga wata matsala da ta gagari masu gyaran kalanda fiye da shekara ɗari, a daidai shekarar da yunƙurinsu mafi ƙarfi ya sha ƙasa a Majalisar Ɗinkin Duniya.

Matsalar ta lissafi ce. Shekarar rana kwana 365 ce, mako 52 kuwa kwana 364 ne. Wannan rarar kwana ɗaya ita ke sa ranar haihuwar mutum ta faɗo Litinin bana, baɗi Talata, kuma ita ke sa a buga sabuwar kalanda kowace shekara.

Hobit, gajerun mutanen nan manoma na ƙasar Shire, sun raba shekararsu wata 12, kowane kwana 30. Ragowar kwana biyar ba sa cikin kowane wata: biyu na bikin Yule, ɗaya a ƙarshen shekara ɗaya a farkon sabuwa, sai uku a tsakiyar shekara. Wannan tsari tsoho ne. Haka Misirawan dā suka yi, kuma har yau Habasha na da ɗan gajeren watan Pagume mai kwana biyar ko shida. Dabarar Hobit tana wani wuri daban: sun cire ranar Tsakiyar Shekara daga mako ɗungurungum. Ba Asabar ba ce, ba Lahadi ba ce, ranar biki ce kawai. A shekarar da ake ƙarin kwana, shi ma ƙarin a wajen mako yake. Saura kwana 364 cif, don haka kowace shekara tana farawa ranar Asabar ta ƙare ranar Juma'a. Ranar haihuwar Bilbo da Frodo, 22 ga wata na tara, ba ta taɓa barin Alhamis ba. Har ta kai Hobit sun daina rubuta sunan rana a wasiƙunsu, tunda kwanan wata ya wadatar.

Sunayen watannin kuwa aro ne daga tsoffin Turawan Ingila, kamar yadda malami Bede ya adana su a littafinsa na lissafin zamani a shekarar 725. Thrimidge daga watan da ake tatsar shanu sau uku a rana ya fito, Blotmath daga watan yanka dabbobin hadaya. Wanda ya tashi yana jin "watan Cika-ciki" da "watan Azumin Tsofaffi" ba ya bukatar dogon bayani: suna ne da jama'a suka laƙaba wa wata daga abin da suke yi a cikinsa. A ganina wannan ne ya sa kalandar Shire ta fi yawancin ƙagaggun kalandu kama da gaskiya, domin tana da ƙamshin gona da garke.

To, ita dabarar ranar da ba ta cikin mako ta riga Tolkien. Wani limamin coci ɗan Italiya, Marco Mastrofini, ya kawo ta a 1834. Auguste Comte ya ɗora kalandarsa mai wata 13 a kanta a 1849, kuma kamfanin Kodak ya yi amfani da irin wannan tsari a harkokinsa na cikin gida daga 1928 har 1989. A 1930 wata Ba'amurkiya, Elisabeth Achelis, ta kafa ƙungiyar tallata Kalandar Duniya: zango huɗu masu kwana 91 kowane, kowace shekara ta fara ranar Lahadi, a saka ranar hutu marar suna bayan 30 ga Disamba. 'Yan kasuwa da masu ƙididdiga sun so ta, don lissafin albashi da kwatanta ciniki za su yi sauƙi.

Abin da ya kayar da ita ibada ce. Mai ƙirga kwana bakwai-bakwai ba tare da yankewa ba ba zai yarda wata rana ta wuce ba a lissafa ta ba. Da an saka ranar hutun nan sau ɗaya, Juma'a ta ainihi za ta koma ranar da kalandar ofis ke kira Alhamis, shekara mai bi mata ta koma Laraba. Haka Asabar ɗin Yahudawa da Lahadin Kirista. Ma'aikaci zai zaɓa ke nan tsakanin wurin aiki da wurin ibada. Babban malamin Yahudawan Birtaniya, Joseph Hertz, ya je Geneva a 1931 ya yaƙi shirin a gaban Majalisar Ƙasashe ta wancan zamani. A 1955 gwamnatin Amurka ta shaida wa Majalisar Ɗinkin Duniya cewa ba ta goyon bayan sauyin, maganar kuma ba ta sake yin ƙarfi ba.

Tolkien kansa ɗan Katolika ne mai riƙo da addini, ya san nauyin Lahadi. Amma Hobit ɗinsa ba su da wata rana da aka wajabta musu. Babbar ranar makonsu, wadda ya fassara da Juma'a, ta hutun bayan tsakar rana ce da liyafar maraice, don haka babu wanda zai yi ƙorafi in an tsallake kwana. Duk da haka bai bar tsarin ba aibu ba: ya nuna cewa yana da daɗi a gida, amma da Hobit ya yi tafiya ya wuce garin Bree, sai ranakunsa su saɓa da na kowa.

Lissafin ya haifar musu da wata barkwanci ma. Babu watan Shire da ke kamawa ranar Juma'a, saboda haka in Hobit ya yi maka alkawarin biyan bashi ranar Juma'a ɗaya ga wata, to sai baba-ta-gani.