Mai Shari'a Abdulƙadir Jega da Nauyin Rubuta Dalili

Cikin alhazan Najeriya da suka rasu a turmutsitsin Mina ranar 24 ga Satumba 2015 akwai alƙalai biyu na Kotun Ɗaukaka Ƙara: Mai Shari'a Musa Hassan Alƙali na reshen Ilori, da Mai Shari'a Abubakar Abdulƙadir Jega, wanda yake shugabantar reshen Abuja. Idan aka ambaci na biyun a majalisun Jega, Aliero ko Maiyama a Jihar Kebbi, zancen yakan tsaya ne kan wannan cikawa a hanyar jifan Shaiɗan, a yi masa addu'a, a tashi. Addu'ar ta dace. Sai dai tarihin alƙalin ɗaukaka ƙara yana cikin hukunce-hukuncen da ya rubuta, su kuwa ba su iso gida ba har yau.

Aikin wannan kujera ya bambanta da na alƙalin da talaka ya sani. Galibi ba ya ganin shaidu, ba ya rantsar da kowa. Kundin shari'ar da aka yi a ƙasa ake ajiye masa, da takardun hujjojin lauyoyi, su zauna aƙalla su uku, ɗaya ya rubuta babban hukunci, sauran su goyi baya ko su saɓa, kowa da dalilinsa. Tsarin mulkin 1999 ya ce sai wanda ya shekara 12 da zama lauya ake naɗawa. Abin da ake nema daga gare shi bayan wannan dogon horo shi ne ya faɗi inda kotun ƙasa ta kauce, ya kuma faɗa yadda wani zai iya bin sawunsa ya auna.

Mutanen Kebbi sun ga nauyin wannan da idonsu. A ƙarar zaɓen gwamna na 2011, reshen Sakkwato na Kotun Ɗaukaka Ƙara ya ba Gwamna Sa'idu Usman Nasamu Dakingari gaskiya a ƙarshen Disamba, ya ce dalilai za su biyo baya. Sun biyo, amma a Janairun 2012, bayan cikar kwana 60 da sashe na 285 na tsarin mulki ya gindaya. Ranar 24 ga Fabrairu 2012 Kotun Ƙoli ta ce hukuncin da ba dalili tare da shi cikin wa'adi ba hukunci ba ne. Gwamna ya sauka, aka sake zaɓe a Maris, ya dawo. Jiha guda ta koma rumfunan zaɓe saboda an jinkirta rubutu. Wasu lauyoyi na ganin an tsananta. A ganina kotun ta kama bakin zaren, domin umarni ba tare da hujja ba kowane mai iko ma yana iya bayarwa.

To, wa ake rubuta wa dalilin? Ɗauki rigimar gado daga Maiyama. Magada sun yi bayani da Hausa a kotun shari'a, kowa ya nuna iyakar gonarsa da bishiyar da ta raba. Ƙara ta haura Birnin Kebbi, daga nan Sakkwato, inda sashe na 247 ya wajabta alƙalai uku masana shari'ar Musulunci su saurare ta. Kafin ta isa an juya kundin zuwa Turanci, hukunci ya fito da Turanci, ya shige mujalladan rahoton shari'a irin waɗanda Gani Fawehinmi ya fara bugawa a 1985. Mai gona ya dawo da kalma ɗaya daga bakin lauyansa: an ci, ko an faɗi.

Akwai masu cewa fassara hukunci kasada ce, kalma guda ta goce sai ma'ana ta lalace. Gaskiya ne, amma ƙasar Gwandu ba baƙuwar wannan matsala ba ce. Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ya rubuta Liya'ul Hukkami domin masu mulki da alƙalai su san abin da ke kansu, malamai kuma suka riƙa karantar da shi da harshen gida a zaure. Sheikh Abubakar Gumi, wanda ya riƙe kujerar babban alƙalin alƙalan Arewa, ya fassara ma'anonin Alƙur'ani zuwa Hausa. Hukuncin gado bai fi wannan wuyar ɗauka ba.

Kebbi ba ta rasa manyan alƙalai. Umaru Atu Kalgo ma ta Kotun Ɗaukaka Ƙara ya bi ya kai Kotun Ƙoli a 1998. Abin da ya rage aiki ne na jami'a. Tsangayar shari'a ta Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo tana iya tattara hukunce-hukuncen da Jega ya jagoranta, ta ware na zaɓe da na filaye da na laifuka, ta fito da taƙaitaccen bayanin kowanne da Hausa, har da wuraren da Kotun Ƙoli ta tabbatar da ra'ayinsa da wuraren da ta rushe shi.