Wa'adin neman bashin haja a karkarar Rumbu: daga alƙali zuwa dokar OHADA

Tambayar da wannan ɗan rubutu ke son dubawa ita ce: shin bashin hajar da aka sayar yana mutuwa idan ya daɗe ba a neme shi ba? Mun ɗauki gundumar Rumbu ta ƙasar Dakoro a matsayin misali, saboda yanki ne da noma da kiwo suka haɗu, kusa da iyakar noma da dokar 26 ga Mayu 1961 ta shata. A irin wannan wuri ciniki ba ya tafiya sai da bashi.

Tun asali manomi na karɓar kaya ko kuɗi da bazara, ya biya da kaka, abin da ake kira falle. Makiyayi kuwa na ɗaukar hatsi, shayi da sukari, sai ya dawo daga arewa ya sayar da dabba a kasuwar Sakabal ya biya. Shi ma mai shagon bashi ya ɗauko daga ubangidansa na Dakoro ko Maraɗi, dangantakar da Emmanuel Grégoire ya yi bayaninta a littafinsa na 1986 kan alhazan Maraɗi. Abin lura a nan shi ne, duk waɗannan lokuta na biya ne. Babu ɗaya daga cikinsu da ke kashe bashi. Idan damina ta ƙi, kamar a 1973 da 1984, sai a ɗaga zuwa baɗi, in mai bashin ya mutu kuma a cire daga dukiyarsa kafin rabon gado.

Fiƙihun Malikiyya, wanda alƙalan ƙasar Hausa ke hukunci da shi, ya tafi a kan haka. Risala ta Ibn Abi Zaid ta ambaci shekara 10 game da gidan da wani ya riƙe a gaban idon mai da'awa bai yi magana ba. Game da bashi malamai sun saɓa, wasu sun ce shekara 20, wasu 30. Ko a nan ma ba bashin ne ya faɗi ba. Dogon shirun mai bin bashi, alhali yana gari ɗaya da wanda yake bi, shi ake ɗauka alama ce ta cewa an riga an biya shi.

Kundin dokokin Faransa na 1804 ya zo da wa'adin shekara 30 a aya ta 2262, amma a aya ta 2272 ya ba ɗan kasuwa shekara 1 tak ya nemi kuɗin hajar da ya sayar wa wanda ba ɗan kasuwa ba. A ganinmu wannan gajeren wa'adi ya fi kusa da tunanin Malikiyya fiye da yadda ake zato, domin shi ma a kan zaton an biya aka gina shi, har aya ta 2275 ta ba mai haja damar ya sa a rantsar da abokin shari'arsa. Sai dai talakan karkara bai cika haɗuwa da waɗannan ayoyi ba. A zamanin mulkin mallaka kotunan ƴan ƙasa da al'ada suke aiki, kuma Dakoro kanta sai a 1947 ta sami ofishin mulki. Bayan 1960 Nijar ta gaji kundin, amma rigimar buhun gero a gaban mai gari ko liman take ƙarewa.

Babban sauyi ya zo da OHADA, wadda aka rattaba hannu kan yarjejeniyarta a Port-Louis ranar 17 ga Oktoba 1993, da Nijar a ciki. Dokarta ta kasuwanci ta 17 ga Afrilu 1997 ta fara aiki ranar 1 ga Janairu 1998, aka sabunta ta a Lome ranar 15 ga Disamba 2010. Aya ta 16 ta sabon rubutun ta sa shekara 5 ga bashin da ya taso daga kasuwanci, ko tsakanin ƴan kasuwa, ko tsakanin ɗan kasuwa da wanda ba shi ba. Aya ta 301 kuwa ta sa shekara 2 ga cinikin haja tsakanin ƴan kasuwa. A nan babu batun zato ko rantsuwa: rashin motsin mai bin bashi shi ke kashe haƙƙinsa.

Sakamakon wannan a Rumbu yana da ɗan ban mamaki. Mai shago na da shekara 5 ya bi manomi, amma babban ɗan kasuwar Maraɗi da ya ba shi hajar shekara 2 kawai gare shi. Damina biyu marasa kyau a jere sun isa su cinye wannan wa'adi, kuma a al'adar ubangida da bara, kai yaronka kotu a shekarar yunwa abin kunya ne. Ke nan wanda ya yi haƙurin da jama'a ke yabawa shi ne doka ke iya juya wa baya.

Dokar ta bar ƙofofi. Alƙali ba ya tayar da batun wa'adi da kansa sai wanda ake bi ya kawo shi, kuma mutumin da zai ci gaba da cin kasuwa ɗaya da mai binsa da wuya ya furta haka. Haka nan idan wanda ake bi ya amsa cewa ana binsa, lissafin wa'adin daga farko yake komawa. Saboda haka ƴar takardar da aka rubuta a gaban mai gari, ko da ajami ce, tana iya ba mai haja sabbin shekara 2 a kotun Dakoro.