Unguwar Yahudawa ta Birnin Benis

A arewa maso gabashin ƙasar Italiya akwai wani tsohon birni wanda a ke kira Benis. Shi wannan birni a cikin ruwa aka gina shi, bisa tsibirai fiye da 100, aka haɗa su da gadoji wajen 400. Ba mota a cikinsa, ba doki, ba jaki. Wanda duk zai tafi wani wuri, ko dai ya taka da ƙafa, ko kuwa ya shiga jirgin ruwa. A zamanin dā Benis daula ce mai zaman kanta, tana da majalisa, da shugaba wanda a ke zaɓa, a ke ce da shi Doge. Arzikinta duka na fatauci ne. Har takardar nan mai alamar jinjirin wata uku, wadda malaman ƙasar Hausa da na Barno suka yi ta rubutu a kanta, daga wannan yanki a ke ɗauko ta, ta biyo ta Masar da Tarabulus.

Baƙin da ke zuwa ganin Benis, mafi yawansu fadar Doge da babban cocin San Marko su kan nufa. Amma akwai waɗansu da kan ratse, su nemi ja-gora ya zaga da su a ƙafa cikin wata 'yar unguwa da ke shiyyar Kannarejo, ba nisa da tashar jirgin ƙasa. Ita ce unguwar Yahudawa, wadda a ke kira Geto. Zagayen ba shi da tsawo, gama unguwar ƙarama ce ƙwarai, amma wanda ya bi ja-gora ya kasa kunne, tarihin shekara 500 zai gani da idonsa. Gani kuwa ya kori ji.

Daga bakin ruwa a kan shiga ta wani ɗan zaure mai duhu, wanda ya ratsa ƙarƙashin gida. A nan ja-gora kan fara tsai da mutane, ya nuna musu waɗansu ramuka a jikin dutsen bakin zauren, watau gurbin ƙarafan da ke riƙe da ƙyaure a dā. To, labarin unguwar nan duka labarin wannan ƙyaure ne.

Ga yadda abin ya samo asali. A cikin shekara ta 1509 sarakunan Turai suka yi wa Benis taron dangi, suka karya rundunarta a wani wuri mai suna Agnadello. Mutanen ƙauyuka da na garuruwan tudu suka yi gudun hijira zuwa cikin birni, har da Yahudawan Mestre da na Padua. Yaƙi ya cinye baitulmali, don haka majalisa ba ta so ta rabu da Yahudawa, sabo da harajin da su ke biya da rancen da su ke bayarwa. Masu wa'azin coci kuwa suka dage, suka ce zaman Yahudu a tsakanin Nasara shi ya jawo wa birni fushin Allah. Da majalisa ta rasa yadda za ta yi da ɓangarorin nan biyu, sai ta bi tsakiya. Ran 29 ga watan Maris, 1516, zamanin Doge Leonardo Loredan, aka zartad da doka cewa ba za a kore su ba, amma dukansu sai su koma wani ɗan tsibiri guda, su zauna a kulle. Mutum wajen 700 ne suka tare a can.

Aka ta da Nasaran da ke haya a gidajen tsibirin, aka ba masu gidajen izini su ƙara sulusi a kan kuɗin haya, domin Bayahude ba shi da ikon mallakar gida ko fili. Aka sa ƙyamare a bakin gadoji biyu. In dare ya yi a kulle, ba a buɗewa sai an kaɗa ƙararrawar safe a San Marko. Aka sa masu gadi huɗu, Nasara, da jirage biyu masu sintiri a kewayen tsibirin, ladansu duka kuwa Yahudawan ne ke biya, watau ɗaurarre shi ke ciyad da gandiroba. Wanda zai fita cikin gari da rana tilas ya sa hula rawaya don a shaida shi, daga baya aka mai da ita ja. Likitoci ne aka ɗaga wa ƙafa, su kan fita da dare, gama manyan gari ba su ƙi Bayahude ya duba su ba in ciwo ya taso.

Shi sunan nan Geto, kafin zuwan Yahudawa wurin ya ke da shi. A dā maƙera ce ta gwamnati inda a ke zubin tagulla, da harshen mutanen Benis kuwa geto shi ne zubi. Da Paparoma Bulus na Huɗu ya kulle Yahudawan birnin Rum a 1555, da sauran garuruwan da suka bi sawu, sai sunan ya bi su. Ta haka kalmar ta bazu a duniya, har yau a ke kiran duk unguwar da aka ware wa waɗansu mutane don ƙyama ko talauci da wannan suna.

In an wuce zauren nan, sai a bi wani siririn lungu a fito wani ɗan fili inda majami'u biyu ke duban juna, ɗaya ta mutanen Gabas, ɗaya ta mutanen Sifen. Asalin waɗannan, a 1492 sarakunan Sifen suka kori Yahudawa daga ƙasarsu, a 1497 kuma Sarkin Fotugal ya tilasta wa nasa su shiga addinin Nasara. Da yawa suka gudu ƙasashen Sarkin Santambul, suka zama manyan fatake. Benis ta ga cinikinta da Turkawa yana neman kuɓuce mata, sai ta jawo su. A 1541 aka ƙara musu wannan gefe, a 1589 aka rubuta musu yarjejeniyar zama da fatauci, a 1633 aka sāke ƙara wani ɗan yanki. Wani abin da kan rikita baƙi shi ne, gefen da aka ƙara a 1541 shi a ke kira Tsohon Geto, tsibirin farko kuwa Sabon Geto. Dalili, sunayen na maƙeru ne, tsohuwa da sabuwa, ba na zaman Yahudawa ba.

Daga nan sai a hau gada a sauka a babban dandali na tsibirin farko, mai rijiyoyi uku. A nan ja-gora kan ce kowa ya ɗaga kai. Gidajen da suka kewaye dandalin sun fi na sauran unguwanni tsawo, waɗansu hawa 7, har 8, kowane hawa kuwa gajere ne, tagogi kusa da kusa. Cikin ƙarni na 17 mutanen unguwar sun kai tsakanin 4,000 da 5,000. Ruwa ya kewaye su, doka ta hana su faɗaɗawa, ba inda ya rage musu sai sama.

A gindin ɗaya daga gidajen nan akwai ƙofar Banco Rosso, watau jan banki. Irinsa uku ne a dā, ja da kore da baƙi, kowanne da launin takardar shaidar da ya ke bayarwa. Coci ya hana Nasara su ba juna bashi da ruwa, talaka kuwa ba ya rasa bukata, sabo da haka aka ɗora wa Yahudawa wannan aiki. Matalauci ya kawo riga ko tukunya ya jinginar, a ba shi 'yan kuɗi. Gwamnati ce ke yanka iyakar ribar, har ta kai bankunan ba su iya riƙe kansu sai jama'ar Yahudawa sun yi karo-karo sun tallafe su, in ba haka ba a soke musu izinin zama. Ban da jingina da likitanci, sana'ar da aka bar wa mutanen farko ita ce sayad da gwanjo. Aka hana su sauran sana'o'i, sa'an nan aka dawo ana zaginsu da wadda aka bar musu.

Sauran majami'u uku a wannan dandali su ke: ta Jamusawa wadda aka gina a 1528, da wadda a ke kira Canton da ta biyo bayanta da 'yan shekaru, da ta Italiyawa ta 1575. Baƙo ba zai gane su daga waje ba sai an nuna masa, domin a hawan ƙarshe na gidajen haya su ke, ba su da wata alama sai jerin tagogi biyar ko ɗan ƙaramin tulluwa. Wanda ya hau ya shiga, namiji sai ya rufe kansa, zai tarad da sassaƙa da ruwan zinariya. A gefe guda ga ma'ajin Attaura, a ɗaya gefen ga mumbari, mata kuwa suna da wurinsu daban.

Kullen nan bai hana ilmi ba. Wani Banasare mai suna Daniel Bomberg, mutumin Antwerp, ya kafa maɗaba'a a Benis, ya ɗauki malaman Yahudawa aiki, tsakanin 1520 da 1523 ya buga Talmud dukansa, watau babban littafin fikihunsu. Har yanzu lambobin shafi nasa a ke bi. Amma a 1553 aka tattara littattafan aka ƙone su a dandalin San Marko bisa umurnin Paparoma. A unguwar nan aka yi shahararren malaminsu Leon Modena, wanda har Nasara kan zo sauraron wa'azinsa, da wata mace mawallafiyar waƙoƙi, Sara Copia Sullam, wadda masana ke taruwa a gidanta.

Shekara 281 ƙyamaren nan suka yi ana kulle su. A 1797 rundunar Nafoliyon ta Faransa ta ci Benis, daular ta faɗi. Cikin watan Yuli na shekarar aka ciro ƙyamaren aka farfasa su, aka ƙone a tsakiyar dandali, mutane suna rawa. A 1866 Benis ta shiga cikin ƙasar Italiya, Yahudawa suka zama 'yan ƙasa sosai kamar kowa. Masu hali suka tashi suka koma sauran unguwanni. Har wani Bayahude haifaffen Benis, Luigi Luzzatti, ya zama Firayim Ministan Italiya a 1910.

Mai karatu zai zaci a nan labarin ya ƙare. Amma ja-gora ba ya sallamar mutane sai ya kai su gindin wani bango a gefen dandalin. A 1938 gwamnatin Musolini ta yi dokokin wariyar jinsi, aka kori 'ya'yan Yahudawa daga makarantu, aka sallami iyayensu daga aikin gwamnati. A watan Satumba na 1943 sojan Hitila suka mamaye arewacin Italiya. Shugaban jama'ar Yahudawan Benis a lokacin wani likita ne dattijo, Giuseppe Jona. Da ya ga za a tilasta masa ya ba da jerin sunayen mutanensa, sai ya kashe kansa, bai bayar ba. Da yawa suka sami zarafin ɓuya ko gudu. Duk da haka aka fara kame a watan Disamba. A watan Agusta na 1944 aka shiga gidan gajiyayyu da ke wannan dandali aka kwashe tsofaffi, tare da babban malaminsu Adolfo Ottolenghi. Jimlar waɗanda aka tafi da su 246, mafi yawansu zuwa sansanin Auschwitz a ƙasar Folan. Takwas kaɗai suka komo.

A jikin bangon nan akwai allunan tagulla 7 da wani gwani mai suna Arbit Blatas ya ƙera don tunawa da su, aka kafa a 1980. Kusa da nan kuma, a 1993, aka ƙara waɗansu alluna na katako masu ɗauke da sunan kowane da shekarunsa, daga jarirai har tsofaffi tukuf.

Abin lura a nan shi ne, cikin shekaru 281 na kulle an wulakanta mutanen nan, an tatse su, amma ba a hallaka su ba. Hallakar ta zo ne shekara 146 bayan an ƙone ƙyaure, sa'ad da kowa ke tsammani wancan zamani ya wuce. Ashe ƙyauren katako shi ne mai sauƙin ƙonewa. Al'adar da mutanen gari suka yi ta ɗaukar maƙwabcinsu baƙo, ko da kakan kakansa a nan aka haife shi, ita ce ta daɗe, ta jira har ta sami gwamnatin da za ta yi aiki da ita.

Yahudawan Benis yanzu 'yan ɗaruruwa ne, kaɗan daga cikinsu ke kwana a unguwar. Amma suna taruwa can don ibada, suna kula da majami'un da kayan tarihinsu, a 2016 kuma birni ya yi taron cika shekara 500 da kafa Geto. Da yamma yaran unguwa kan fito su yi wasan ƙwallo a dandalin. Baƙi kuwa, in ja-gora ya sallame su, sai su koma ta zauren da suka shigo, su wuce ramukan nan na jikin dutse, ba mai tambayarsu inda za su.