William Barton Rogers da Kafuwar MIT

A ranar 10 ga Afrilu, 1861, gwamnan jihar Massachusetts, John Andrew, ya sa hannu a takardar da ta halatta kafa sabuwar makarantar fasaha a birnin Boston. Kwana biyu kacal bayan nan aka buɗe wuta a kan sansanin Fort Sumter, yaƙin basasar Amurka ya ɓarke. Makarantar da duniya ta sani yau da MIT ta zauna suna a takarda: ba gini, ba ɗalibi, ba kuɗi. Mai ɗawainiya da ita, William Barton Rogers, yana da shekara 56 a lokacin, ya kuma yi shekara goma sha biyar yana neman wannan rana.

An haife shi a Philadelphia a 1804, ɗan wani likita da ya yi hijira daga Ireland. Gidan ilimi ne, don shi da 'yan'uwansa uku duk masana kimiyya suka zama. A 1828 ya gaji kujerar mahaifinsa a Kwalejin William and Mary, a 1835 kuma ya koma Jami'ar Virginia, aka ɗora masa aikin binciken duwatsu da ma'adinan jihar. Shekaru ya yi yana hawa tsauni yana gangarowa, yana haƙa yana aunawa. A nan ya ga giɓin da ya hana shi barci: malamin jami'a ya san dalilin abu amma bai taɓa riƙe guduma ba, mai sana'a kuma ya iya aikin amma bai san abin da ya sa yake yiwuwa ba. Jami'ar kanta ba ta ba shi kwanciyar hankali ba. A 1840 wani ɗalibi ya harbe farfesa John Davis har lahira, a 1845 kuma tarzoma ta sake tashi lokacin Rogers ne shugaban malamai.

Akwai wani abu na zamansa a Virginia da bai kamata a binne ba. Ƙidayar 1850 ta nuna bayi shida a gidansa. MIT da kanta ta tono wannan daga baya, kuma daidai ta yi.

A 1846 shi da ƙanensa Henry suka rubuta tsarin makarantar fasaha da suke so a kafa a Boston. William ya auri 'yar garin, Emma Savage, a 1849, ya tare can a 1853. Tunaninsa a sauƙaƙe shi ne: ba a son makarantar da za ta koya wa yaro sana'a ɗaya ya tsufa a kanta, ba a kuma son wadda za ta cika masa kai da hadda. A koya masa tushen lissafi da kimiyya, sannan a kai shi ɗakin gwaji ya taɓa da hannunsa, ya yi kuskure, ya gyara. Gani ya kori ji. A yau wannan magana kamar kowa ya san ta, amma a wancan zamani malami ne ke gwaji a gaban aji, ɗalibai suna kallo daga kan benci. A ganina nan ne girman Rogers yake, fiye da duk wani gini da ya bari.

Sai dai kuɗi. Jiha ta ba da fili a Back Bay, wata fadama da ake cikewa da ƙasa, bisa sharaɗin a tara dala 100,000. Ana tsakiyar yaƙi, wa ke da ta makaranta? Kyautar wani likita, William Walker, ita ta cika sharaɗin a 1863, ga kuma kason da aka samu daga dokar Morrill ta 1862, wadda ta ba jihohi filaye don tallafa wa ilimin noma da kanikanci. A ranar 20 ga Fabrairu, 1865, aka fara karatu da ɗalibai 15 a ɗakunan haya. Ginin kansu ya samu a 1866, 'yan farko suka kammala a 1868, sannan a 1869 Edward Pickering ya buɗe ɗakin gwajin fiziks inda ɗalibi ke aiki da kansa. Ellen Swallow, mace ta farko, ta karɓi digirinta a 1873.

Wahalar ta ci jikin Rogers. Rashin lafiya ya kwantar da shi a 1868, ya sauka a 1870, John Runkle ya hau. Karayar tattalin arziki ta 1873 ta kusa rufe makarantar, ga kuma Charles Eliot, tsohon malaminta da ya zama shugaban Harvard, yana ta neman haɗiye ta. A 1878 Rogers ya dawo kan kujera yana da shekara 73, ya riƙe ta har aka samo Francis Walker a 1881.

Ranar 30 ga Mayu, 1882, Rogers ya tashi yin jawabi a bikin yaye ɗalibai. Yana cikin ba da labarin yadda aka fara samar da iskar gas ta haskaka fitila, ya ambaci sunan wani nau'in kwal, sai ya yanke jiki ya faɗi a kan dandamali. Bai sake tashi ba.

A hannun Francis Walker yawan ɗalibai ya ninka fiye da sau uku. Harvard ta sake yunƙurin haɗewa a 1905, tsofaffin ɗalibai suka ƙi, kotu kuma ta hana sayar da filin Back Bay, maganar ta mutu. Wuri ya yi wa makarantar kaɗan. A 1912 wani attajiri da ya ɓoye sunansa, ana ce masa Mista Smith, ya ba shugaba Richard Maclaurin dala miliyan biyu da rabi. Sai a 1920 aka bayyana cewa George Eastman ne, mai kamfanin Kodak. Da wannan kuɗi aka yi sababbin gine-gine a Cambridge, kuma a watan Yuni na 1916 aka ɗora takardar da gwamna Andrew ya sa wa hannu a cikin jirgin ruwa, aka haye da ita kogin Charles zuwa sabon mazauni.